Zagi Marar Haƙora

Jiya da dare, bayan na cika cikina da dambu na shimfiɗa tabarma a tsakar gida saboda zafi, na yi wani mafarki wanda har yanzu warin bunsurun cikinsa bai bar hancina ba. Amma kafin in shiga mafarkin, bari in faɗi abin da na kwanta da shi a rai.

Jika ɗaya gare ni tak, sunanta Raliya, ba ta wuce shekara bakwai ba. 'Yar ɗana ce na fari, wanda ba zan kama sunansa ba. A Fatakwal aka haife ta, can ubanta yake aiki, kuma ba ta jin Hausa, sai Turanci. Ni kuwa Turancina na aji uku ne na elementare, sai ɗan abin da na tsinta a rediyo shekarun da na yi ina gyaran lema a bakin kasuwa.

Ranar da suka iso hutu, tana saukowa daga mota na yi abin da kowane kaka yake yi. Na ce wa ya kwaso mana wannan mummunar mai kai kamar kabewa, a mayar da ita kasuwa a musanyo mini akuya. A garinmu jikan da ya ji haka ramawa yake yi, ya ce da kai tsoho mai ran ƙarfe, ya fizge maka hula ya ruga, shi ke nan zumunci ya ƙullu. Amma yarinya ta dubi ubanta ta tambaye shi abin da na ce. Shi kuma, da yake karatu ya yi masa yawa, ya fassara mata tsaf, ko kabewar bai rage ba. Ta fashe da kuka.

Tun daga ranar ba ta sake yarda mun haɗa ido ba. Da safe uwarta takan turo ta, ta tsaya daga nesa ta ce gud monin sa, ta gudu. Wai sa, kamar ni ne hedimasta. Sai na ɗauko babbar rigata da hulata ta Sallah na riƙa sawa kullum, ina zama ƙiƙam a kujera don ta ga ni mutumin kirki ne. Hular ko barci ba na cire ta, saboda sanƙona ya daɗe da cinye kan duka. Matata Tabawa ta ce na koma kamar hoton da ake ratayewa a bango. Ga shi wayewar gari za su koma. In yarinyar nan ta tafi ba ta zage ni ko sau ɗaya ba, to ba ni da jika ke nan, baƙuwa ce ta zo ta tafi, kuma ranar da na mutu babu mai zuwa ya yi wa makarata tsiyar da jikoki suke yi.

Da la'asar na je wurin maƙwabcina Malam Sabi'u, mai koyar da Turanci, na tambaye shi yadda ake zagin yaro da Turanci ya yi dariya. Ya zaunar da ni har magariba yana bayanin wace kalma ce take shiga gaban wacce. Na taso da ciwon kai, na ci dambu, na kwanta.

Sai na gan ni a ƙofar wani gari, riƙe da tsohuwar lema, ga 'yar filayata ta aiki a aljihu. An rubuta Garin Turanci a saman ƙofar. Ruwa ake yi, amma daga ƙasa yake tsattsafowa yana tafiya sama, mutane sun juya lemominsu sun riƙe tsakanin ƙafafu suna tafiya a tale. Na lura yawancin lemomin sun karye a haƙarƙari, na ce a raina akwai kasuwa a garin nan. Na dafe hulata da hannu ɗaya kada ruwan ya tafi da ita.

Mai gadin ƙofar wata zabuwa ce. Ta dube ni da ido ɗaya, ta juya ta dube ni da ɗayan.

Ta ce, "Baba, ana ƙirga ka ko ba a ƙirga ka?"

Na ce ban gane ba. Ta ce ƙofofi biyu ne. Waɗanda ake ƙirgawa, irin su kujera da akuya da lemo, ta dama suke shiga. Waɗanda ba a ƙirgawa, irin su ruwa da shinkafa da shawara da labari, ta hagu. Na tuna a gida in ana rabon nama Tabawa tsallake ni take yi, wai likita ya hana. Na ce ba a ƙirga ni. Na shiga ta hagu a bayan Shawara, wata mace mai jiki, wadda ta yi ta gaya mini in daina shan ruwan sanyi har muka rabu.

A titin garin kalmomi ne suke yawo da ƙafafunsu, kowace da ɗan tsako a gabanta yana yi mata rakiya. In an riga an san ki a unguwa, tsako mai zane ne naki. In yau aka fara ganin ki, fari. In sunanki da buɗaɗɗen baki yake farawa, farin ne dai amma mai ɗan wutsiya. Na ga wani mutum zaune a bakin kwata da tsaki uku a cinya yana hawaye, ya ce tun yana firamare yake neman wanda yake nasa. Ni da yake ba a ƙirga ni, babu wanda ya tambaye ni tsako. Na ji daɗin wannan.

Sai ga ni a Ofishin Tambayoyi.

Shugaban ofishin wani bunsuru ne mai kwat da taye, gemunsa ya sha mai. Layi ya kai har waje, kowa ya ɗoro tambayarsa a faifai. In aka ajiye masa sai ya sunsuna, ya cinye, ya yi tuƙa na ɗan lokaci, sa'an nan ya ba da amsa. Wata mata ta kawo kalmomi biyu tagwaye, muryarsu ɗaya, rigunansu ne kawai suka bambanta, ta ce kullum ta aiki ɗaya sai a ce ɗayar ya kamata ta aika. Bunsuru ya tauna, ya ce ya danganta. Wani ya tambaya me ya sa ɓera in ya yi yawa sai ya sake suna, tumaki kuwa ko sun cika daji sunansu ba ya motsi. Bunsuru ya ce ya danganta. Wani tela ya ce zai yi suna, tsakanin Hu, wato Wa na Turanci, da yayansa Hum wa ya kamata ya gayyata. Nan bunsuru ya ɗan yi tsawo. Ya ce Hum ya tsufa, yanzu ba a kiran sa sai kotu ko ta'aziyya, kuma in ya zo ba ya cin abinci, gyaran maganar mutane kawai yake yi. Amma dai ya danganta. Kowa ya yi godiya ya fita da fara'a, kamar an ba shi magani.

Da layi ya zo kaina ba ni da faifai. Masinjan ofishin ya ce in ciro hulata in zuba tambayar a ciki. Na ce hular nan ba ta fita. Na buɗe lemata na zuba a ciki na miƙa. Bunsuru ya sunsuna, ya ɗauka, ya tauna sau biyu, ya tofar. Masinja ya ce tun da aka gina ofishin bai taɓa ganin haka ba.

Bunsuru ya ce, "Ka tsani yarinyar ne?"

"Ranka ya daɗe, ita kaɗai gare ni."

"To don me za ka zage ta?"

"Ai jikata ce. Wa kake so in zaga, 'yar maƙwabta?"

Ya gyara tayensa. Ya ce ya cinye duk littattafan garin nan har da bangonsu, bai taɓa jin ɗanɗanon irin wannan ba. Ya ce in gwada Kasuwar Ladabi, amma in hanzarta, don motar Fatakwal za ta tashi da zarar ruwan ya gama hawa sama. Na leƙa ta taga, na ga ƙasa ta fara bushewa nan da can.

Bas na shiga. Cike take maƙil amma ba ka jin ko tari. Kwandastan wani kwaɗo ne, shi kaɗai yake magana. Na tambaye shi ko gidan makoki za su. Ya ce a'a, waɗannan su ne haruffan da ake rubutawa ba a faɗa. Ana ba su wuri a cikin kalma, wani lokaci ma a kujerar gaba, ana ciyar da su tawada, amma in an zo kiran kalmar sai a tsallake su.

Kusa da ni wani tsohon harafi ne dogo, ya miƙe wuya, ya ɗora hannuwa a gwiwa. Na yi masa sallama, na tambaye shi gajiya, na tambaye shi iyali. Bai ko ƙifta ido ba. Kwaɗo ya ce kada in damu, wannan shi ne yake zama a gaban kalmar gwiwa da kalmar wuƙa. Da can ana faɗin sa, har da ƙarfi ma. Sai jikoki suka taso suka daina kiran sa. Suna girmama shi dai, ba a taɓa mantawa da shi a rubutu, in yaro ya bar shi malami ya yi masa bulala. Kira ne kawai babu.

Na dubi rigar harafin, na dubi tawa. Aiki iri ɗaya ne a wuya. Hular ma kusan ɗaya. Na ɗan matsa gefe.

Kasuwar Ladabi kaya uku kawai ake sayarwa, Filis da Tankiyu da Sori. Filis ƙanana ne kamar gyaɗa, ana barbaɗa su a kan kowace magana. Tankiyu ana bayar da shi gyara. Sori kuwa an kasa shi tuli-tuli kamar tumatir a kakarsa, kuma da yake ba ya kwana, mutane taka ƙafar juna suke yi da gangan don su kashe nasu kafin ya ruɓe. Wani ya buge ni da kafaɗa ya ba ni biyu. Na ga wata ta yi karo da turken rumfa, ta ba turken ɗaya.

Uwar kasuwar wata kyanwa ce mai tabarau. Na gaya mata damuwata tana lasar hannu. Ta ce wannan ai mai sauƙi ne, ta zaɓo Sori mafi girma a rumfar, ya kai tulu, ta ce in kai wa yarinyar, kyauta ta ba ni.

Na ce, "Hajiya, kaka ba ya ba jika haƙuri. Ranar da na yi haka za ta ce tankiyu sa, ni ma in ce tankiyu, mu yi ta yi har in mutu."

Ta ce ai haka kowa yake yi a nan, kuma suna zaune lafiya. Na ce na gani, na zo da wasu a bas. Ta ce to in lallai zagi nake so, sai in tafi bayan gari inda ake ɗaure su, amma mutumin kirki ba ya zuwa can. Ta ci gaba da lasar hannu.

A nan Tabawa ta taɓa ƙafata ta ce an kira asuba. Na tashi, na cire hular na ɗora a murfin randa na yi alwala, na yi salla, na koma tabarma don in ɗan miƙe baya. Ina rufe ido na tarar mafarkin yana jira na inda na bar shi, kyanwar ma ba ta gama lasar hannun ba. Ta ce na daɗe. Na taɓa kaina, a can hular tana nan.

Bayan gari wani babban garke ne na ƙarfe. Zage-zagen Turanci ne a ciki, kowane a kejinsa, suna kai da kawowa kamar kuraye. Yawancinsu gajeru ne, amma haƙora kamar ƙusoshi. Mai kula da su wani kunkuru ne da ya ce ya fi ƙarfen kejin shekaru. Ya ce kowane a nan in ya ciji mutum sai ya taɓa ƙashi.

Na ce ni tsoho nake nema, wanda haƙoransa suka zube, wanda zai kama kunnen yaro da dasashi yaron ya ji cakulkuli.

Kunkuru ya mayar da kai cikin ƙoƙonsa har na ɗauka barci ya yi. Can ya ce akwai irinsu, amma ba a garke suke ba. A cikin gidaje ake kiwon su, tsakanin tsofaffin abokai, ko miji da matar da suka daɗe suna shan shayi tare. Da kansu haƙoran suke zubewa saboda yawan zama. Ba a sayarwa, ba a ba da aro, in ka kai shi wani gida ma sai haƙoran su dawo.

Na ce ba ni da shekarun shan shayi, ruwa ya kusa ƙarewa. Amma ina da filaya.

Na zaɓi mafi ƙanƙanta, wani ɗan mitsitsi mai ja-in-ja da kejinsa. Na matse shi tsakanin gwiwoyina kamar yadda nake matse lema, na buɗe bakinsa da hannu ɗaya, don ɗayan yana kan hula. Na cire haƙori ɗaya, biyu suka fito a gurbinsa. Na cire biyun, huɗu suka fito. Kunkuru ya ce wannan shi ake kira jam'i. Ina cikin haka abin ya suɓuce, ya bi ta ƙarƙashin rigata, ya yi titi, ya kama jakin Alƙalin garin a gindi.

Sai ga ni a kotu.

Alƙalin sunansa Doka, siriri ne kamar tsinken tsintsiya, muryarsa ce kawai babba. A bayansa danginsa ne suka cika benci-benci, masu ƙiba, suna cin abincinsa, kuma duk sunansu Banda. Ya ce kowa ya miƙe, wani ya ce banda ni. Ya ce kowa ya zauna, wasu biyar suka ce banda mu. Ya ce a kotun nan ba a cin gyaɗa, sai wata tsohuwa mai tauna ta ɗaga hannu, ya ce ya sani, ya sani. Na tausaya masa. Ban taɓa ganin mai gida da ba a jin maganarsa kamar wannan ba, sai ni.

Aka karanta laifina, cire haƙorin zagi ba tare da izini ba da cin mutuncin jaki. Sa'an nan aka ce a shigo da mai ƙara. Raliya ce. An yi mata kitson tafiya, an sa mata takalman tafiya, aka ɗora ta a wata doguwar kujera ƙafafunta suna lilo. Ba ta dube ni ba. Ubanta ne tafinta, yana tsaye tsakaninmu riƙe da kwanon wanki.

Alƙali ya ce in maimaita abin da na faɗa ranar. Na ce mai kai kamar kabewa. A bakina maganar ta fito fara fat, mara nauyi, kamar gurguru. Ɗan nan nawa ya tare ta a kwano, ya wanke, ya juya, ya miƙa wa 'yarsa. Ta zama dutsen niƙa. Ya suɓuce ya faɗi ya fasa daɓen kotu. Na ce da wasa nake yi. Ya wanke wannan ma, ta zama bulo. Na ce kai, rufe mana baki. Ya wanke ya miƙa mata, cikin ladabi.

Yarinya ta naɗe ƙafafunta sama don kada duwatsun su taɓa ta.

Doka ya yanke hukunci. Ya ce zan cinye Sori a gaban kotu in faɗe shi sau uku. Bayan haka a gyara mini riga, a daidaita mini hula, a sa ni a bas, a nema mini kujerar gaba a wata kalma mai daraja inda ba wanda zai sake damu na da kira. Ya juya ya dubi danginsa yana jira. Ba wanda ya ce banda. Shi kansa ya yi mamaki, har ya sake faɗa don ya tabbatar.

Daga waje na ji motar Fatakwal tana ham. Ta taga na ga ruwan ya ƙare, sai ɗigo ɗaya-ɗaya da suka makara suna bin 'yan'uwansu sama. Kyanwa ta shigo da Sorin nan mai girman tulu a kan tire. Na dube shi, na dubi Raliya da ta naɗe a kujera. Na ce a raina, da ta tafi tana tsorona gara ta tafi tana ce mini sa. Na saki hular, na sa hannu biyu na ɗauki Sori, don hannu ɗaya ba zai iya ba. Na buɗe baki.

Ɗigon ƙarshe ta ramin da dutsen niƙa ya fasa ya fito. Ƙato ne, ya yi jinkiri saboda nauyi. Ya hau ta gaban rigata, ya wuce gemuna, ya wuce hancina, ya daki bakin hular. Hula ta tashi a hankali, tana juyawa, kamar ba ta da inda za ta.

Alƙali ya kare idonsa ya tambaya wa ya kunna fitila.

Raliya ta miƙe tsaye a kan kujera ta cafke hular tana wucewa. Ta dubi hular. Ta dubi kaina. Ta daɗe tana duba. Sai kafaɗunta suka fara rawa, ta toshe baki da hular, abin ya ƙi toshuwa, ya ɓalle. Ubanta ya yi maza ya tara kwano don ya fassara dariyar, ta wuce ta cikin kwanon kamar ba shi, ta zo ta same ni a ƙirji. Na saki Sori ya fashe a ƙasa, ashe babu komai a cikinsa sai iska.

Kotu ta rikice. Dangin Banda suna ta faɗowa daga benci. Doka ya aika a tambayi bunsuru wace ƙa'ida ce ta shafi wannan, masinja ya dawo ya ce ya danganta. Doka ya ɗauki ludayi yana buga tebur don a yi shiru. Ƙwas, ƙwas, ƙwas. Abin mamaki, tebur yake bugawa amma a tsakiyar kaina nake ji.

Ƙwas, ƙwas.

Na buɗe ido. Rana ta fito har ta taɓa tabarma. A ƙofar gida ana ta cusa kaya a bayan mota. A saitin kaina kuwa wata ce tsugune, hulata ta Sallah ta rufe mata har hanci, tana leƙe ta ƙarƙashinta, da cokalin shayi a hannu. Ta ga na farka ta tsaya cak, ƙafa ɗaya a shirye don gudu. Muka dubi juna. Ta sake ɗaga cokalin a hankali, ta ɗan ƙwanƙwasa, ta karkata kai tana saurare kamar mai saye a kasuwa.

Ta ce, "Kabewa."

Da harshenta na Fatakwal ta faɗa, amma kalmar ce, ba ta rasa ko harafi ba. Na waiga na ga Tabawa a bakin madafa tana ta fifita wutar da ta riga ta kama. Ta rantse daga baya ba ita ta koya mata ba, wai yarinyar ce ta ajiye kalmar tun ranar farko, tana jiran inda za ta dace. Ban yarda ba, amma ban matsa ba.

Na yunƙura na ce a kamo mini wannan ɓarauniya, mummuna, mai ƙafa kamar muciya. Uban ya shigo da jaka a hannu, ya buɗe baki ya fara ce mata Baba yana cewa. Na ce in ya fassara kalma ɗaya sai na karya masa lema a baya. Ya rufe baki. Ita ko ba ta jira shi ba, ta riga ta zaga bayan randa tana ƙyalƙyala dariya tana nuna kaina da cokali. Na bi ta muka zaga randar, muka zaga turken akuya, muka zaga uwarta, har gwiwata ta ce ya isa.

Da aka zo shiga mota uwar ta ce ta mayar wa kakanta hularsa, ta kuma ce masa sori. Na ce kada wanda ya kawo mini tumatir a gidan nan. Suka dube ni, ba su gane ba. Yarinya ta danna hular a kai da hannu biyu ta shige kujerar baya, mota ta tashi, ta leƙo ta taga ta sake faɗa mini sabon sunana har sau biyu, maƙwabta suna ji.

Yanzu hular tana hanyar Fatakwal, ni kuma ina zaune a ƙofar gida da kai a waje, ƙudaje suna zamewa. Malam Sabi'u ya wuce ya tambaye ni ko na samo kalmar. Na ce ya danganta. Na sa Tabawa ta kira su a waya ta gaya wa ɓarauniyar in ba ta dawo mini da hulata da babbar Sallah ba zan musanya ta da akuya, kuma a ba ta wayar a kunnenta, kada a bi ta hannun ubanta.